Tawul ɗin da Ba a Kai wa Terumi Ba

Duk wanda ya taɓa sayen katifa a layinmu na Koenji da ke birnin Tokyo ya san Inagaki Terumi. Ko bai riƙe sunanta ba, ya riƙe damatsanta. Gajera ce, faffaɗa, ta ba hamsin baya, amma har yau tana saɓa katifar auduga biyu a kafaɗa ta hau bene da su, ɗaya hannun riƙe da waya tana zazzaga wa mai kawo auduga masifa. Mijinta Kanji yana can ƙuryar shago yana ɗinki, siririn mutum marar hayaniya, irin wanda idan ya yi karo da ƙofa sai ya ba ta haƙuri. Shagon gadon ubansa ne. Amma tare kowane yaro a layin ka tambaye shi shagon katifa na wa ne, ka sha amsa.

Ba 'yar Tokyo ba ce. Daga wani ƙauyen manoman shinkafa na Yamagata ta fito, inda ubanta ke buga babbar gangar bikin kaka, ita kuma tun ba ta kai tsawon gangar ba take satar sandunansa tana jibgar buhunan shinkafa. Da ta gama makaranta ta shigo birni, ta samu aikin wanke-wanke a ɗakin cin abincin wata masana'anta. Zamanin ne kiɗan rok ya hau kan samari. Duk yaron da ya iya rataya jita sai ya miƙar da gashinsa sama kamar tsintsiya, ya yage gwiwar wandonsa da gangan, ya ce ya kafa ƙungiya. Matattararsu Mogura, gidan kiɗan nan na ƙarƙashin ƙasa da ke kallon shagon katifa, wanda matakalarsa har gobe warin taba da giya take yi.

A can ta haɗu da Shiomi Gaku, mai waƙa, dogo mai ƙaton baki, da wani mai jita abokinsa. Suka raɗa wa kansu suna Ruwan Kwata, kuma sunan ya dace da su. Gaku ihu yake yi ba waƙa ba, mai jitar kuwa rabin lokaci neman inda yatsunsa suka ɓace yake yi. Abin da ke tara musu jama'a 'yar ƙauyen nan ce da ke bayansu, wadda idan ta saki hannu a kan ganguna sai kofunan kan tebur sun yi tafiya da kansu. Ita ke dafa musu shinkafa, ita ke tura ganguna a amalanke, ita ke janye Gaku daga dambe idan bakinsa ya jawo masa.

Sai ranar da aka ce wani mutumin kamfanin faifai zai zo ya saurare su. Terumi ta roƙi izini a wurin aiki, ta wanke gashinta, ta turo amalankenta da la'asar. Tana isa bakin matakala ta ji ana taɓa ganga a ƙasa. Gaku ya hauro ya tare hanya.

"Teru-chan, kar ki ɗauka da zafi. Mutumin ya ga hotonmu. Ya ce komai ya yi, sai dai mai gangar nan kamar 'yar dako. Mun samo wani yaro."

Ba ta yi kuka ba, ba ta yi zagi ba, abin da har yau take cewa shi ne babban kuskuren rayuwarta. Ta juya amalanke, ƙafarsa ta faɗa kwalbati a ƙofar shagon katifa, wani siririn saurayi ya fito da zare a baki ya kama mata. Bai iya ɗagawa ba, ita ta ɗaga abinta, amma dai ya ba ta shayin sha'ir mai sanyi. Daga nan aure ya samo asali. Ganguna suka hau ɗakin ajiya, ta haifi 'ya'ya biyu, ta yi jinyar surukai har suka tafi, kuma ba ta taɓa gaya wa kowa abin da ya faru a bakin matakalar nan ba, in ba Kanji ba. Mu dai abin da muka sani, matar mai katifa ta taɓa yin kiɗa. Ruwan Kwata da kyakkyawan yaronsu suka fitar da faifai ɗaya, kwatar ta ƙafe. Gaku ya koma shirya tallan taliya da na man wanke gashi a talabijin, ana nan ana nan har ya zama darakta, mai baƙin gilashi da gyale a wuya ko ana zufa.

Shekara talatin da ɗoriya bayan haka, da bazara, sai labari ya cika layi: Gaku zai yi fim a kan ƙuruciyarsu, na ban dariya da ɗan hawaye, kuma a nan ƙofar Mogura za a ɗauka. Layi ya ruɗe. Mai aski ya sake fenti. Matar mai tofu, wato awara, ta je aka murɗe mata gashi. Tsoho Momose mai kifi, shugaban 'yan kasuwar layin, ya fara ɗaura taye yana yankan kifi.

To, kowa ya sani, wanda zai takura wa maƙwabta, gini ne ko tarewa ko haƙar titi, sai ya bi ƙofa-ƙofa da ɗan tawul naɗe cikin farar takarda, ya rusuna, ya roƙi a yi haƙuri da damun da zai kawo. Ka sa hannu biyu ka karɓa, shi ke nan ka ɗaure kanka. Ko a kan rufinka za su yi rawa, ka ja bakinka ka yi shiru. Gaku ɗan gari ne, ya san haka. Da ƙafarsa ya bi shagunan, yana cire gilashi a kowace ƙofa, wani yaro na biye da shi da jakar tawul.

Terumi na leƙensa ta tsakanin tarin matasai. Har ta ɗora ruwan shayi. A ranta ta yanke cewa in ya shigo ya rusuna, za ta kira shi kare sau ɗaya, ta ba shi shayi, magana ta mutu. Ya fito daga wurin mai aski. Ya ɗaga kai ya karanta allon shagon katifa. Sai ga waya a kunnensa, wayar da ba wanda ya ji ta yi ƙara, ya wuce fuuu sai shagon tofu. Da yamma ta tarar da tawul an cusa shi a ramin wasiƙun ƙofarta kamar takardar talla.

Da tsinken cin abinci ta zaro shi, ta ajiye a waje kan tukunyar fure.

"Terumi-san," in ji Kanji, wanda da wannan girmamawar yake kiran matarsa, "wataƙila sauri yake yi."

"Yi ɗinkinka."

Da a nan abin ya tsaya, da ƙila an sha. Sai washegari Momose ya shigo yana dariya tun daga titi, ya kira ta da sunan da ake kiran matan masu shago.

"Okami-san, kin ji abin dariya? Babban bahona suka ara! Akwai wata mai ganga a fim ɗin, wai ita Teruko. Ranar da mutumin kamfani ya zo sai tsoro ya kama ta. Ta fito daga Mogura a guje tana kuka, sanduna na zuba, ta yi tuntuɓe, ta faɗa bahon kifi, ƙafafu sama! An gwada jiya, na yi dariya har haƙoran robana suka kusa faɗuwa. A daidai ƙofarki za a yi." Sai ya tsaya da baki buɗe. "Af. Teruko... Okami-san, ba ke ma kin taɓa..."

"Kifinka na wari, Momose-san. Je ka duba."

Bakin Momose kuwa rariya ne. Kafin rana ta faɗi mai aski ya leƙo ya tambaye ta ko ruwan bahon da sanyi. Wani ɗan makaranta ya wuce yana wutsil-wutsil da ƙafa ɗaya. Terumi ta zauna a kan tarin katifu ta auna abin. A layin nan ta tsufa, daga nan za a fitar da gawarta. Fim kuwa ba ya mutuwa. Za a nuna a silima, a maimaita a talabijin, jikokinta su kalla a waya, ta zama matar da ta gudu ta faɗa baho har abada. Ta ce ƙarya ne? Wa zai bar fim ya kama maganar mai katifa? Kuma da bakinta za ta bi shaguna tana cewa korar ta aka yi don muni? Sam. Bakin da ya faɗa mata ranar nan, shi zai faɗa wa layi.

Ranar farko ta ɗauka rana ta fito tarwai. Aka zuba wayoyi a titi, aka kafa fitilu da rana tsaka, wani saurayi ya ɗaga doguwar gora da makirfo mai gashi a kanta kamar mushen kyanwa. Yaran fim suka fito da gashin aro da wandunan da aka yage musu da almakashi. Daga barandar bene Terumi ta hango wadda aka ba matsayinta, wata Suzuha, siririya kamar tsinke, an cusa mata auduga a hannun riga don damatsa su fito. Audugar ma ba mai kyau ba.

Terumi ta riga ta jera katifu a kan madogarin baranda. Ta ɗauko mabugin katifa na gora, ba ɗaya ba, biyu.

"A yi shiru don Allah!" in ji yaron darakta. Layi ya yi tsit, har Momose ya riƙe tari. Daga cikin wata baƙar rumfa muryar Gaku ta fito: "A shirya... a fara!"

Dim! Dim-dim, tas! Dim-dim-dim, tas!

Ba irin bugun matan gida ba, na kakkaɓe ƙura ana hamma. Wannan duka ne mai kai da gindi, hagu na kira dama na amsawa, ƙarar na dukan bangon Mogura tana dawowa. Mai ɗaukar sauti ya fizge abin kunnensa ya yar, ya dafe kai.

"Tsaya!"

Ta tsaya. Ta gyara zaman katifa, ta shafa ta kamar jariri.

"A fara!"

Dim-dim, tas!

Da aka yi haka har aka gaji, suka je suka kamo Momose. Ya hau benen yana haki, taye a karkace.

"Okami-san, haba. Mun yi alkawari da mutanen nan."

"Ku kuka yi. An zo ƙofata? An rusuna mini? Ga tawul ɗinsu can kan tukunya, hannuna bai taɓa shi ba. Rana ta fito, ni mai katifa ce. Ko ƙungiyar 'yan kasuwa ta hana shanya ban ji ba?"

Momose ya sosa ƙeya, ya sauko, ya ce wa mutanen fim, "Gaskiyarta. Ba a gaishe ta ba." Suka kira ɗan sandan kan kwana. Ya zo a kekensa, ya saurari kowa, ya yi tambaya ɗaya: "An kai mata gaisuwa?" Da ya ji an cusa ne a ramin wasiƙu, ya ja iska ta tsakanin haƙora, ya hau kekensa.

Wanda ya shiga uku shi ne Kanji. Tun yana saurayi yake wa masu saye wa'azi cewa ba a dukan katifa, shafa ta ake yi da buroshi, duka karya auduga yake yi. Har allo ya rubuta ya rataye a shago. Ga allon a ƙasa, ga matarsa a sama tana kashe katifu biyu-biyu.

"Terumi-san, audugar..."

"Sai ka sake shaƙewa. Ba sana'arka ba ce?"

Kwana na biyu aka turo yaron darakta da sabon tawul. Ta dube shi sama da ƙasa. "Kai ne Gaku? Kai, ka yi ƙuruciya. Wane mai kake shafawa?" Aka turo furodusa da kwalin alewar wake daga wani shago mai tsada. Ta ce ciwon suga gare ta, tana faɗa tana tauna burodi mai zuma. Gaku dai bai fito daga baƙar rumfarsa ba. Idan zai shiga mota sai ya zagaya ta lungu, kansa a ƙasa kamar wanda ya yar da allura.

Sai suka yi dabara: a ɗauki hoto kawai, a sa sauti daga baya, ta buga har hannunta ya cire. To, ashe ba a nan gizo ke saƙar ba. Kiɗan Terumi ba ya tsayawa a kunne, gangarawa yake yi ƙafa. Suzuha za ta fito a guje cikin firgici, sai ƙafafunta su kama kiɗan, gudun tsoro ya koma faretin 'yan makaranta. Terumi ta rage hannu, yarinya ta rage gudu. Ta ƙara, yarinya ta ƙara. Saurayin da ke fitowa a matsayin Gaku ya kamata ya tsaya da fuskar baƙin ciki, sai ga kansa na gyaɗawa. Ga kuma burbushin auduga na saukowa a kansu, fim ɗin bazara ya koma na dusar ƙanƙara.

Yaran Mogura na yanzu, masu ƙarfe a hanci da leɓe, suka hauro daga raminsu suka jeru a bakin kwalbati. Ɗaya mai koren gashi ya ɗaga murya: "Okami-san, wace ƙungiya kike?"

"Ƙungiyar uwarka! Tashi daga kan furena."

Suka yi tafi. Kullum sai sun dawo.

Matan layi ma suka fara shinshino cewa maganar nan ta fi ƙarfin tawul. Mace ba ta karya kafaɗarta don ɗan ƙyallen goge hannu. Matar mai tofu ce ta fara tsallakowa da katifarta a ka, ta ratsa ta gaban kyamara.

"Ke ma?" in ji Momose. "Ba kin karɓi tawul ba?"

"Ni na karɓa. Katifata ba ta karɓa ba."

Kafin mako ya zagayo, babu katifar da ba ta sha kashi ba a layin nan.

Abin da ya haɗa su faɗa rana ce. Mai fim rana yake nema, mai shanya rana take nema. Ranar da gari ya lumshe, su ba ɗauka, ita ba duka, kowa ya huta. Ga shi masu hasashen yanayi sun fara cewa damina ta taso daga kudu, kuma daminarmu idan ta sauka sai ta yi makonni ba ta ɗaga ba. Yaran fim kuwa kowa da wani aikin na jiransa. Furodusa ya rame. An ji shi yana wa Gaku ihu a cikin mota, motar har girgiza take yi.

Ita ma ba a banza take sha ba. Tafin hannunta ya ɗuri ruwa ya fashe. Da yamma Kanji ke manna mata filastar ciwon jiki a kafaɗu, ɗaki ya cika da warin magani.

"Da kin gaya musu kawai," in ji shi. "Ni ma zan iya faɗa. Ai na ga amalanken."

"Kai da ba a jin maganarka daga nan zuwa ƙofa? Bari. Ba labarin nake so su ji ba. Shi nake so su ji."

Kanji ya ci gaba da manna filasta. Da safe ta tarar ya naɗe mariƙin mabugan da ƙyalle mai laushi, ya ɗinke da irin ɗinkinsa da ba a ganin zare.

Ranar da abin ya ƙare, rana ta fito amma iska ta yi nauyi, riga na manne wa mutum a baya. An ce ita ce rana ta ƙarshe kafin ruwa. An cika baho, an jera kowa. Terumi ta tofa yawu a tafi, ta ɗaga mabugai. Sai labulen baƙar rumfa ya motsa. Gaku ya fito, ba gilashi, ba gyale, ashe har sanƙo ya yi. Ya tsallaka titi da tawul a hannu biyu, ya tsaya ƙarƙashin baranda, ya rusuna.

"Inagaki-san, na zo gaisuwa."

Dim!

"Wa ke magana? Kunnen makaɗa gare ni, ba na ji sosai."

"Teru-chan..."

"Teru-chan tana cikin baho, ƙafafu sama."

"Ki sauko mu yi magana a ciki."

"A ciki za ka jefa ni ruwa? A titi za ka yi, a titi za mu yi magana. Kai, yaro, miƙa wa ubangidanka lasifikar hannun nan."

Yaron ya dubi furodusa, furodusa ya dubi sama, aka miƙa lasifika. Mutane suka firfito daga shaguna. Mai aski ya fito da reza a hannu, wanda yake wa aski na biye da shi da kumfa a rabin fuska.

"Ai kin san fim," in ji Gaku, muryarsa na amsa kuwwa har ƙarshen layi. "Dole a ƙara gishiri."

"To, cire gishirin mu ji naman. Ranar nan, wa ya gudu?"

"Ba wanda ya gudu."

"Wa ya faɗa baho?"

"Ba kowa."

"Me ya faru?"

Ya gyara riƙon lasifika. "Ta zo da gangunanta. Na tare ta a matakala. Na ce mun samo wani."

"Saboda?"

"Na ce... na ce an ce kamar 'yar dako take."

Matar mai tofu ta dafe ƙirji. Terumi ta sauke mabugai. Abin da take so ke nan, ta samu, har ta juya za ta sauko. Amma bakin Gaku tun yana yaro ba shi da birki, balle ga lasifika a hannu ga jama'a na kallo.

"Kuma mutumin bai ce haka ba!" ya ce. "Ko hoton bai gani ba. Ni na ƙirƙira. Ina gaba ina tsage maƙogwaro, kowa na leƙen bayana yana kallon ta. Na san in ya ji ta, ita zai ɗauka ya bar ni. Shi ke nan, na faɗa!"

Layi ya yi tsit, irin tsit ɗin da suka yi makonni suna nema. Terumi ta tsaya da hannu a kan madogarin baranda. Wannan ba ta sani ba. Shekara talatin ba ta yarda an ɗauke ta hoto ba, ko na bikin 'yarta a bayan mutane ta laɓe. Ashe babu wani mutumin kamfani a maganar. Ta dubi sanƙon Gaku. Ta ɗaga kai ta dubi kudu inda hadari ke haɗuwa, ta daɗe tana kallo. Sannan ta yi murmushi, irin wanda Kanji ya gani ya koma cikin shago da baya-baya.

"Shiomi-san, ka yi abin kirki. Zan karɓi gaisuwarka. Ka ɗan jira ni, ba a karɓar babban baƙo da kayan aiki."

Ta fara kwashe katifu ɗaya bayan ɗaya. Kowace sai ta shafe ta da buroshi, gaba da baya, a hankali, yadda allon mijinta ya ce. Ta ninke. Ta kai ciki. Ta dawo. Furodusa na duba agogo yana duba sama. Ba mai iya cewa ta yi sauri, wanda ya zo roƙo ba ya azalzalar mai gida. Da ta gama ta shiga ta sa kimono, doguwar rigar gargajiya, kowa kuwa ya san ɗaurin ɗamararsa ba aikin gaggawa ba ne. Ta sauko kamar amarya, ta ce ai ba za a tsaya a titi ba, baƙo ya shigo ya sha shayi. Ya isa ya ƙi? Ya cire takalmi, ya durƙusa a kan tabarma da tsofaffin gwiwoyinsa. Kanji ya ɗora ruwa, ya jira ya tafasa, ya jira ya huce daidai. Shi dai har yau yana rantsuwa haka ake dafa shayi mai kyau. Ta tambayi lafiyar iyalin Gaku ɗaya-ɗaya. Ta ƙara masa shayi. Ta ba shi labarin ciwon ƙugun surukarta tun daga farko.

Hasken ƙofa ya dushe. Can ta ce a fita waje, tunda a gaban jama'a aka fara. Ta tsaya a bakin shago, ta miƙa hannu biyu ta karɓi tawul, ta rusuna har ƙasa.

"Ku yi aikinku cikin kwanciyar hankali. Ba za ku ƙara jin motsina ba."

Ɗigon farko a kan farar takardar ya sauka. Kafin Gaku ya gama ɗaura takalmi, sama ta ɓalle. Aka shiga gudu da kyamara da fitilu, gashin aro ya kwanta a kan yaran fim kamar jiƙaƙƙun kaji. Suzuha kaɗai ba ta gudu ba. Ta zaro audugar hannun rigarta, ta zo gaban Terumi cikin ruwan, ta rusuna, ta daɗe ba ta ɗago ba.

"Shiga ciki kar mura ta kama ki," in ji Terumi. "Kuma ki riƙa cin abinci."

Ruwan nan ya yi makonni. Da ya ɗauke, yaran sun watse, kuma an ce Suzuha ta rantse ko me za a ba ta ba ta shiga baho. Fim ɗin ya fito da hunturu. Babu gudu, babu baho. Mai gangar dai ta juya amalankenta ta tafi, a wani layi daban da suka samu can bayan gari, kyamara na kallon bayanta. Duk layinmu muka je kallo. Matar mai tofu ta yi kuka. Terumi ta ce yarinyar ta riƙe sanda kamar za ta ci taliya.

A hanyar dawowa Momose ya matso kusa da ita, a ɗarare.

"To, Okami-san, yanzu dai kin huce ko?"

"Shekara talatin na yi ina tafasa a kan rabin labari, Momose-san. Bana na ji sauran. Ka dawo bayan wata talatin ɗin ka tambaye ni."